Takalmin da Likita Ya Ƙi Cirewa

Ku yaran da ake turo mana daga makarantar koyon aikin lafiya, da ku nake. Duk wanda ya zo cikinku allura yake so a ba shi ya yi, ko ya rataya abin awon ƙirji a wuya a ɗauke shi hoto. Idan aka ce ya je ɗakin wankin ciwo wajena, ni Sule Diresa, sai ya ɓata rai kamar an aike shi kwasar kashin awaki. Makon jiya wata a cikinku ta ce da ni, "Baba, wankin ciwo ai ba aiki ba ne, a goga aidin a naɗa bandeji, shi ke nan." A lokacin hannuna yana cikin ƙafar mutum. Shi ne na ce bari in rubuta. Karatuna bai wuce aji huɗu na firamare ba, inda na yi kuskure ku gyara, amma ku karanta har ƙarshe.

Shekarata ashirin da bakwai a wannan ƙaramin asibiti na ƙauyenmu, tsakanin Ɗanbatta da Bagwai. Ƙafafun da na wanke ba sa ƙirguwa. Amma wadda na fi daɗewa a kanta, wadda saura ƙiris a guntule ta ina kallo, ƙafar mutumin da ya koya mini aikin ce. Labarinta zan ba ku. Sai dai ku fara sanin mai ita.

Likita muke ce masa, don shi kaɗai ne likitan da muka taɓa samu ya zauna da mu. Ɗan garin nan ne, mahaifinsa malamin allo ne a bayan masallaci. Lokacin da yake jami'a shi ne mai yi wa makarantarsu gudu, irin na dogon zango, har ya ciwo kofuna. Akwai ɗaya mai hannu biyu da ya zo da shi, ba a kan tebur ya ajiye shi don ado ba, a ciki muke jiƙa almakashi. Dogo ne siriri a lokacin, idan ya idar da sallar asuba sai ya sa gajeren wando ya zaga gonaki a guje. Da farko tsofaffi cewa suke yi karatu ya taɓa masa kai, don a nan babba ba ya gudu sai in wani abu ya biyo shi. Daga baya suka saba, har suna ɗaga masa fartanya, "Mai Gudu, a sauka lafiya!"

Ni da shara na shigo. Gyaɗa ta ƙi a shekarar, ga mata ga 'ya'ya biyu, na karɓi tsintsiya. Wata rana aka kawo wani dattijo da gyambo a ƙwauri, da aka kwance tsumman kowa ya fice daga ɗakin yana toshe hanci, har ɗan da ya kawo shi. Ni ina tsaye da tsintsiyata ina kallo. Likita ya ɗago kai ya ce, "Kai ba ka jin wari ne?" Na ce, "Ina ji." Ya ce, "To me ya hana ka fita?" Na ce, "Ban gama shara ba." Ya yi dariya har da riƙe ciki, ya ce in ajiye tsintsiyar in wanko hannu.

Na ɗauka washegari zai ba ni almakashi. Benci ya ba ni. Ya ajiye ni a gindin darbejiyar ƙofar asibiti ya ce in riƙa kallon masu zuwa tun daga nesa, kafin su iso in faɗa masa inda ke yi musu ciwo. Wata guda cur ina wannan zama, mutanen gari suna ce mini maigadi. Shi kuwa a wajen gudu ya koyi abin. Ya ce idan suna tsere, daga yadda na gabansa yake sauke ƙafa yake sanin ya kusa gajiya. Ya nuna mini mai ƙaya a dunduniya da yatsu yake takawa. Mai kurkunu jan ƙafar yake yi. Wanda fartanya ta sara a ƙwauri yana tafe yana tattare wando kada ya goge shi. Sai ya ce, "Amma wanda za ka fi jin tsoro, Sule, shi ne mai ɓoye ciwo. Wannan ya fi kowa miƙewa. A hankali yake tafiya, da girma, kamar mai zuwa karɓar sarauta. In ka ga irinsa, kada ka tambaye shi me ke damunsa, zai ce ba komai. Ce masa ya cire takalmi."

Kayan aikin ba su da yawa, kun gan su. Almakashi biyu, ɗaya miƙaƙƙe ɗaya mai lanƙwasa. Hantsaki. Kwanon nan mai siffar ƙoda. Tukunya a kan risho ta tafasa su, kuma in na ce tafasa, ba ina nufin ruwa ya yi ɗumi ka sauke don layi ya yi tsawo ba. Ruwan gishiri wanda aka dafa aka tace. Sauran kayan kuwa a jikinka suke. Hanci shi ne babba. Ciwon da ke warkewa da wanda ke cin nama ba warinsu ɗaya ba, kuma hancinka zai gaya maka tun kafin ka kwance ƙulli. Sai bayan hannu, da shi ake jin zafin fata a kewayen ciwo, a san inda ya kai a ƙarƙashi. Sai fuska. Duk abin da ka gani in ka buɗe, kada fuskarka ta canza, don mai ciwon ba ciwon yake kallo ba, kai yake kallo.

Na tuna wani mai facin keke da ya zo da sara a tafin ƙafa. Ya cika wajen da baƙin mai, ya fasa batir ya zuba garin a kai, ya ɗaure da robar taya. Daga hantsi har azahar ina tsince baƙin nan da hantsaki ƙwaya ƙwaya, ina zuba ruwan gishiri, shi kuma yana ta yi mini bayanin cewa baƙin mai yana kashe tsatsa. Ban yi masa musu ba. Wannan ma ku riƙe. Za ku ga toka, za ku ga kashin shanu, za ku ga garin taba da ganyen da ba ku san sunansa ba. Idan kuka zage shi, gobe ba zai dawo ba, kuma ciwo ba a wanki ɗaya yake warkewa ba. Ka ce masa, "Ka yi ƙoƙari, bari mu ma mu gwada namu."

Babbar cutar mutanenmu kuwa ba baƙin mai ba ce, jira ce. Ciwon manomi da damina yake samunsa, kuma da damina ba shi da ranar zuwa asibiti. Sai an gama noman firi. In an gama, sai an yi maimai. In an yi, ai ga huɗa. Gonakin nan namu ƙanana ne a manne da juna, kana ganin na maƙwabcinka ya yi fes naka ciyawa ta rufe, ba za ka iya kwanciya ba. Kafin ya zo mana ciwon da wanki uku zai warkar ya zama na wata uku.

Haka ta faru da Mati a muguwar shekarar nan. Ku ba ku san ta ba. Taki ya gagari talaka, hatsi ya yi tsadar da ba a taɓa gani ba, gidaje da yawa sau ɗaya ake ɗora tukunya. Sitonmu na magani ya zama ɗakin gizo-gizo. Babu auduga, babu bandeji, aidin sai ɗigo a gindin kwalba. Likita ya riƙa sayo farin yadin akoko a kasuwar Ɗanbatta, in yayyanka shi, in tafasa, in shanya, matata ta goge da dutsen guga na gawayi. Wanda aka kwance daga ƙafar wani a wanke a sake tafasawa. A madadin magani zuma muke sawa, kuma wallahi ta yi mana aiki. Ga ruwa an yi kamar da bakin ƙwarya, rafin da ke tsakaninmu da kwalta ya cinye hanya, mota ba ta shigowa.

Mati manomi ne mai iyali da yawa, mai barkwanci, duk inda ya zauna sai an yi dariya. Fartanya ta sare shi a saman ƙafa tun a noman firi, ya zuba toka ya ɗaure ya ci gaba. Sai bayan sati biyar aka kawo shi a amalanke. Tun daga gindin darbejiya hancina ya gaya mini. Da na kwance, ƙafar ta yi baƙi har idon sawu. Ban taɓa jin Likita ya ɗaga murya ga majinyaci ba sai ranar.

Ya ce, "Mati! Sati biyar! Gona ta fi ƙafarka ne?"

Mati yana kwance zazzaɓi na kaɗa shi, ya ce, "Likita, ƙafar tawa ce ni kaɗai. Geron na mutum goma sha ɗaya ne."

Likita ya miƙe. Ya tuɓe farar rigarsa, ya ɗaure igiyar takalmi, ya ce mu ɗora Mati a kan ƙyaure mu biyo shi a baya. Ya fita a guje cikin taɓo, ya ƙetare rafin ruwa har ƙirji, ya kai kwalta. Kafin mu huɗu mu iso da ƙyauren a ka, ya tare motar haya ya sa an sauke fasinjojin baya, yana tsaye yana haki, taɓo har gira. A Kano aka yanke ƙafar Mati ƙasa da gwiwa. Ya rayu. Ni na wanke dungun har ya rufe.

Daga shekarar Likita ya canza. Wata rana muna tafasa akoko ya ce, "Sule, na gaji da rubuta maganin da babu shi. Na gaji da gudun neman mota. Kwalbati ake buƙata a rafin nan, da kaya a sito, kuma ba a wannan ɗakin ake raba su ba. Zan tsaya takarar majalisa." Na ce masa kada ya je. Na ce, "A nan in ka wanke ciwo kana ganin ya warke. A can me za ka gani?" Ya ce, "Bakinka ba ya faɗin alheri." Ya tsaya, ya ci, don babu gidan da bai taɓa shiga da jakarsa ba.

Ba zan yi masa ƙarya ba, ba kuma zan rage masa ba. Sito ya samu kaya. An yi mana rufi, an haƙa rijiyar burtsatse, an turo ma'aikata. Kwalbati ne ya gagara. Duk shekara sai a ce ya shiga lissafi, duk shekara sai ya fita. Ya sake tsayawa karo na biyu saboda shi. Mutane suka koma ce masa Onarabul. Gudu ya tsaya, don ɗan majalisa ba ya sa gajeren wando, daga mota sai kujera, daga kujera sai mota. Ya yi jiki. Ciwon suga, wanda ya kashe mahaifinsa, ya kama shi. Zuwansa gari ya ragu, in ya zo ma mutane sun yanyame shi da takardu, ni daga nesa nake ɗaga masa hannu.

Sai Liman ya rasu, aminin mahaifinsa, wanda ya yi masa huɗuba ranar da aka haife shi. Ranar sadakar uku da hantsi an shimfiɗa tabarmi a ƙofar gida, gari duk ya hallara, takalma sun yi tsibi a gefe. Motar Likita ta tsaya can nesa kaɗan. Ni ina zaune a bakin tabarma, kuma kun san abin da idona ya saba. Ya fito cikin babbar riga, da baƙin takalmi sau-ciki. Ya taho a miƙe, a hankali, da girma.

Ya iso bakin tabarma ya tsaya. Aka matsa masa wuri kusa da 'ya'yan mamaci, ana cewa, "Bismilla, Onarabul." Bai cire takalmi ba. Bai hau ba. Daga tsaye ya yi gaisuwa, daga tsaye ya ɗaga hannu aka yi addu'a, ya shafa, ya juya. Mutumin da a dā yake zama a ƙasa ya ci tuwo da majinyata, yau ya ƙi cire takalmi a zaman makokin Liman. Kafin ya yi taku goma gunaguni ya tashi. Wani ya ce, "Majalisa ta gama da shi." Wani dattijo ya ce, "Ɗan Malam ne wannan? Allah ya sa ubansa bai gani ba." Wani ya ce, "Ai tabarmarmu ƙazanta ce da ita."

Ni kuwa abin da na gani daban. Igiyar takalmin hagu a kwance take, ya tura ta ciki. Ƙafar hagun yana sauke ta gaba ɗaya, daɓ, kamar ba ya jin inda ƙasa take, don mai suga ba ya jin zafi, shi ya sa ba ya ɗingishi irin na kowa. Sannan ƙuda. Wurin cike yake da mutane da kwanukan abinci, amma ƙudaje uku huɗu takalmin hagun nan suke bi.

Na tashi ko silifas ɗina ban tsaya nema ba. Na riga shi isa mota, na tsaya a jikin ƙofa.

Na ce, "Likita, cire takalmin nan."

Wani mai jar hula cikin masu rakiyarsa ya ce, "Kai malam, da Onarabul kake magana fa."

Na ce, "Na san shi tun yana sa gajeren wando."

Likita ya dube ni, ya yi ɗan murmushi irin na wanda aka kama. Ya ce, "Ba komai, Sule."

Na ce, "Haka ka ce za su ce."

Ya juya. Sannan ya ce da direba, "Mu je asibiti. Ku kuma ku jira ni a nan."

A kan bencin ɗakin wankin ciwon da kuke ƙin zuwa na zaunar da shi. Takalmin sai da na tsaga shi da almakashi, safar ta manne sai da na jiƙa ta da ruwan gishiri. Na gaya muku fuska ba ta canzawa. Ranar ban sani ba ko tawa ta riƙe. Ƙananan yatsu biyu sun yi baƙi sun mutu. Ƙarƙashinsu rami ne mai mugunya, ja ya hau saman ƙafa, bayan hannuna ya ji zafi har kusa da idon sawu. Sabon takalmi ne ya goge shi bai ji ba, sati shida da suka wuce. Shi yake wanke abinsa a banɗaki a ɓoye, yana shan ƙwayoyi, ko matarsa bai bari ta gani ba.

Na ce, "Yau za ka tafi wajen likitan fiɗa."

Ya ce, "Kwana ashirin, Sule. Ana kan kasafin kuɗi. Kwalbatin ya shiga, wannan karon da gaske, amma in na kwanta kwana uku wani zai zare shi ya sa nasa. Kwana ashirin kawai, sai in je."

Na ce, "Ƙafar nan ba ta da kwana ashirin. Ka fi ni sani."

Ya ce, "Na sani. Amma ƙafar tawa ce ni kaɗai."

Ni ba mai iya magana ba ne, kuma shi ya koya mini duk abin da na sani. Ina durƙushe da ƙafarsa a cinyata sai muka ji ƙwas, ƙwas, ƙarar sanda a baranda. Mati ne. Daga wajen makoki ya biyo mu da sandarsa ta hammata. Ya tsaya a ƙofa yana haki, ya ce, "Ni ma na ga ƙudan. Na san su, tsofaffin abokaina ne."

Ya shigo ba a ce ya shigo ba, ya zauna a ƙasa, ya jingine sandar. Ya kalli ƙafar, bai kau da kai ba. Ya ce, "Na ji abin da ka ce daga waje. Maganata ce ka ara, Likita, ba ka kuma tambaye ni ba. To bari in ba ka ragowarta, don ranar zazzaɓi bai bar ni na ƙarasa ba, ni ma kuma a lokacin ban san ta ba. Geron nan da na ba da ƙafa saboda shi, mun cinye shi kafin bazara. Shekara tara ke nan ban riƙe fartanya ba. Mutum goma sha ɗayan nan, da nake cewa ƙafar ba tasu ba ce, su suka fi ni rasa ta."

Likita ya sunkuyar da kai. Can ya ce, "Kwalbatin fa, Mati?"

Mati ya ce, "Rafin nan tun kakanninmu yake, ba inda za shi. Ka je ka dawo ka same shi."

Kafin la'asar muna Kano. An cire yatsun biyu, an buɗe saman ƙafar an kwashe abin da ya mutu, likitan fiɗar ya ce da an ƙara sati ɗaya, da gwiwa ake magana. Ya ce ko yanzu ma ba a tsira ba, komai ya rataya a kan wanki da kuma kada ya taka. Bayan kwana goma sha biyu aka sallame shi. Yana da hanyar da zai kwanta a duk asibitin da ya ga dama. Ya ce a kai shi gidan mahaifinsa a ƙauye, Sule ne zai wanke.

Wata huɗu da kwana tara, kullum da hantsi, a zauren da ubansa yake koyar da allo. To ga aikin da kuke cewa ba aiki ba ne. Ka jiƙa tsohon ƙulli har ya saki da kansa, kada ka fizga, don sabon naman da ya kwana yana tsirowa da shi za ka tafi. Ka wanke daga tsakiya zuwa waje, auduga ɗaya shafa ɗaya. Ka bi farin mataccen nama da almakashi mai lanƙwasa kaɗan kaɗan har ka ga ɗigon jini, nan ne mai rai, ka tsaya. Ramin a cika shi sako-sako, ba a danna ba, don daga ƙasa ake so ya taso. In baki ya rufe ciki da rami, ka yi aikin banza. Duk Juma'a nakan karya tsinken tsintsiya daidai tsawon ciwon, in ajiye a kwalin ashana, wata Juma'ar in gwada da sabo. Shi ma dabararsa ce. Yakan ce, "Kawo in ga tsinkena," ya jera su a tafin hannu yana kallo kamar mai duba sakamakon zaɓe.

A sati na bakwai tsinken ya fi na baya tsawo. Na dube shi, ya dubi rufi. Ashe ranar Laraba bayan na tafi ya sa direba ya kai shi Kano wani zama, ya hau bene da ƙafarsa. Ban yi masa faɗa ba. Na gama ɗauri, na shiga ɗakinsa, na tattara takalmansa kaf, har silifas na alwala, na zuba a buhun taki na saɓa a kafaɗa.

Ya ce, "Sule, ɗan majalisa guda kake yi wa fashi da rana tsaka?"

Na ce, "Ka kai ƙara majalisa. In za ka je, ka je ba takalmi."

Hajiya matarsa tana daga bayan labule ta ce, "Malam Sule, akwai wani a ƙarƙashin gado." Na koma na ɗauko.

Kwalbatin an zare shi daga kasafin, kamar yadda ya faɗa. Ba zan ɓoye muku ba. Da damina ta zo aka sake ɗaukar marasa lafiya a ka ana ƙetare rafi, kuma duk wanda aka kawo sai Likita ya tambaye ni yaya aka ƙetaro da shi. Mutane da yawa ba su yafe masa ba, wasu na cewa ya kwanta lokacin da ake buƙatarsa, wasu har lokacin maganar takalmin makokin Liman suke yi, don ya hana mu faɗa wa kowa dalili. Zaɓen da ya biyo baya bai ci ba. Kwalbatin sai daga baya wani ya yi shi, ya kafa allo da sunansa. Ni dai na bi ta kai da keke, yana ɗaukar mutum.

Ranar da na karya tsinken ƙarshe bai kai ƙwayar shinkafa ba. Sati biyu bayan haka fata ta rufe. Na kawo masa takalmi ƙafa ɗaya, hagu da dama, daga buhun, mai faɗi mai taushi, na ce sauran sai na ga hali. Ranar ta yi daidai da bikin sunan jikan Mati, aka shimfiɗa tabarmi a ƙofar gidansa da safe, kusan duk waɗanda suka zauna makokin Liman suna wurin. Likita ya ce ba zai hau mota ba. Daga gidan Malam zuwa gidan Mati ba nisa, amma ya ɗauke shi lokaci. Ni na riga shi zuwa, na zauna a bakin tabarma ina kallonsa tun daga nesa. Yana ɗan karkata hagu. Ba miƙewa, ba girma, tafiyar mutum mai yatsu takwas wanda ba ya ɓoye komai.

Ya iso bakin tabarma. Ya sunkuya ya cire na dama. Ya cire na hagu, ya zare safar, ya ajiye su cikin tsibin takalman mutane. Ya tako ya zauna ya miƙe ƙafar a gabansa, ga gurbin yatsu biyu, ga tabo har saman ƙafa. Dattijon nan da ya ce Allah ya sa ubansa bai gani ba yana kusa da shi. Ya kalli ƙafar, ya kalli Likita, ya kama hannunsa da hannu biyu ya riƙe.

Mati ya nuna ƙafar da sandarsa. Ya ce, "Jama'a ku duba rashin adalci. Ni na ba da ƙafa sukutum, shi yatsu biyu kacal. Ko a nan ma ɗan majalisa ya fi talaka iya ciniki." Aka tuntsire da dariya, Likita ya fi kowa, har yana share ido da hannun riga.

Likitan nan shi ne tsohon nan mai furfura da yake zuwa duba marasa lafiya Litinin da Alhamis, wanda kuke rige-rigen riƙe wa jaka. Gudu kam ya ƙare. Amma ran Litinin in kun zo da wuri, ku bar jakar, ku zo ku zauna tare da ni a gindin darbejiya. Za ku hango shi yana tahowa ta cikin gonaki, yana ɗan karkata hagu, a kan ƙafafunsa biyu. In kun gama kallo, tukunya tana kan risho, ku wanko hannu.